Fitilun motata sun sunkuya ƙasa, AFS OFF na ta ƙyaftawa

Mai Jif: Assalamu alaikum 'yan zaure. Don Allah ina neman shawarar masana. Motata jif ce 'yar Japan, ƙirar 2005, mai fitilar zenon, farar nan mai ɗan shuɗi-shuɗi. Shekarata huɗu da ita, haske bai taɓa ba ni matsala ba. Daren Juma'ar da ta wuce na taso daga Zariya bayan isha'i, ina wuce Kwanar Dangora sai na lura hasken bai fi tsawon mota uku a gabana ba, duk ya zube a kwalta kusa da bamba. A dashbod kuma wani rubutu AFS OFF yana ta ƙyaftawa. Kafin Kura saura ƙiris in hau kan wani mai amalanke da ya ɗauko itace, sai da na ga ƙafafunsa sannan na taka burki. Allah ne ya kiyaye. Har na iso gida hannuna bai daina rawa ba. Da safe na je wurin mai wayarin na unguwarmu, ya ce ƙwan ne ya gaji, in sayo guda biyu. Kafin in kashe kuɗi na ce bari in tambaya nan.

Direban Dare: Wa alaikumus salam. Allah ya ƙara tsarewa, Alhaji.

Oga Rewaya: Kada ka sayi ƙwai tukuna. Ƙwan zenon idan ya tsufa kalarsa ce ke komawa ruwan hoda, ko ya riƙa ɗaukewa yana dawowa. Ba ya sa haske ya sunkuya, balle guda biyu su sunkuya rana ɗaya. Tambaya biyu: ka canza shokozoba ko safirin kwanan nan? Ka shiga ruwa mai zurfi?

Mai Jif: Duka biyun, Oga. An canza mini shokozoba na baya wata biyu da suka wuce. Ruwa kuwa, ai ka san layinmu da damina, sau uku ina ratsa shi har ya kusa taɓa ƙofa.

Oga Rewaya: To ai ka faɗi amsar da bakinka. Akwai wata sensa a ƙarƙashin motar, ta baya, kusa da taya. Girmanta bai fi ashana biyu a haɗe ba. An ɗaure ta a jikin bodi, tana da ɗan hannu, hannun kuma an haɗa shi da ƙafar mota da wani siririn ƙarfe kamar biro. Idan ka loda kaya baya ya zauna, ƙarfen sai ya tura hannun, sensa ta gaya wa kwamfutar fitila cewa hancin mota ya ɗaga. Kwamfuta sai ta umarci wata 'yar na'ura da ke cikin kowace fitila ta sunkuyar da ita. Idan saƙon sensa ya rikice, motoci da yawa sukan kai fitilar ƙasa su bar ta a can, don kada ta kashe idon na gaba. AFS kuma shi ne tsarin da ke juya fitila ta bi sitiyari a kwana, shi ma sai ya kashe kansa, shi ya sa kake ganin yana ƙyaftawa. A Toyota da Lexus na wancan zamanin haka alamar take fitowa.

Bakanike Panteka: Alhaji, ni dai in gaya maka abin da muke yi a nan Kaduna. A cire soket ɗin, a ɗauko sukundireba a murɗa fitila ta dawo sama yadda kake so, a sa baƙin salatif a rufe rubutun dashbod. Minti goma an gama. Motoci nawa ne a titi masu wannan sensar? Ba ga shi suna tafiya lafiya ba?

Direban Dare: Malam, ka yi haƙuri, amma wannan maganar ta taɓa ni. Shekara goma sha bakwai ina jan bas ɗin dare tsakanin Kano da Legas. Abin da ya fi gajiyar da ni a hanya ba barci ba ne, ba ramuka ba ne, hasken na gaba ne. Jif ta taho, an cika but da buhunan shinkafa da jarkokin manja, mutum huɗu a baya, gindinta ya zauna, farar fitilar nan tana kallon sama. Ka yi masa ƙyafce ya rage, shi kuma ya rantse dim yake. Gaskiya ya faɗa, dim ɗin ce ta koma cikin idonka. Bayan ya wuce sai ka yi daƙiƙa biyu ko uku ba ka ganin komai sai kore-kore, ga mutum sha takwas a bayanka suna barci sun ba ka amanar ransu. Tsakanin Mokwa da Jebba na taɓa sauka daga kwalta saboda haka, da akwai tirela a fake a gefen da yanzu wani labarin ake yi. Duk wanda ya murɗa fitilarsa sama ya rufe dashbod da salatif, mu yake wa.

Bakanike Panteka: Ban ce a ɗaga ta sama ba, Baba. Na ce a saita ta daidai.

Direban Dare: Daidai da motar da ba kowa a ciki. Ranar da zai kai iyali gida da sallah fa?

Injiniya: Bari in sa lissafi a maganar, don ba ta son rai ba ce. Ana saita dim ta riƙa gangarowa kaɗan, yawanci kashi 1 zuwa 1.5 cikin 100. A motocin Turai za ka ga an rubuta adadin a jikin fitilar ko kusa da ita, misali 1,0% ko 1,2%. Ma'anar kashi 1 cikin 100 ita ce, duk mita 10 hasken ya sauka santimita 10. Fitilar da tsayinta daga ƙasa ya kai santimita 90 ke nan za ta haska har wajen mita 90 kafin iyakarta ta taɓa kwalta. To ɗauki jif mai tazarar mita 2.7 tsakanin tayar gaba da ta baya. Idan lodi ya sa baya ya zauna da santimita 4 kacal, kusan faɗin yatsu biyu, mota ta karkata da kusan kashi 1.5 cikin 100. Ya cinye gangaren gaba ɗaya har ya wuce, hasken ya daina sauka, ya koma hawa. Ga shi ƙwan zenon mai wat 35 yana ba da lumen, wato ma'aunin yawan haske, wajen 3,200, alhali halojin, ƙwan nan mai ja-ja irin na da, samfurin H7 mai wat 55, wajen 1,500 yake bayarwa. Shi ya sa dokar motoci ta Turai ta ce duk dim ɗin da ƙwanta ya haura lumen 2,000 dole a haɗa ta da mai saita kanta da kuma abin wanke gilashi. Amurka ba ta wajabta ba, don haka za ka iya ganin 'yar Amurka mai farar fitila babu sensar. Amma wadda kamfani ya sa wa, da dalili ya sa.

Ta ɗaya gefen kuma, Alhaji, mai gudun kilomita 80 a awa yana cin mita 22 duk daƙiƙa. Hasken da ka ce bai fi tsawon mota uku ba, wajen mita 15 ke nan. Ko daƙiƙa ɗaya ba ka da ita tsakanin gani da isowa. Don Allah kada ka sake fita hanya da dare sai an gyara.

Mai Jif: Wallahi jikina ya yi sanyi. Na ajiye tafiyar dare. Oga Rewaya, ta ina za a fara?

Oga Rewaya: Da ido ake farawa, ba da kwamfuta ba. Ka kai ta rami, kada a ɗaga ta da jak, don ana so a ga yadda komai yake tana tsaye kan tayoyinta. Ka sauka da kanka da tocila. Ka nemi siririn ƙarfen nan. Abu uku na fi gani. Na farko ya karye ko ya fita daga mazauninsa yana lilo. Na biyu, 'yan ƙwallayen da ke bakinsa biyu sun yi tsatsa sun ƙame, ya daina juyawa, har ya lanƙwasa ƙarfen da ke riƙe da sensa. Na uku shi ne wanda nake zargi a taka: lokacin da aka cire shokozoba ƙafa ta saki ta yi ƙasa sosai, hannun sensa ya miƙe ya juye ta ɗaya ɓangaren, aka mayar da komai ba wanda ya lura. Kamar gwiwar mutum ce ta lanƙwashe ta baya. Mota na ƙasa amma sensa na cewa ta yi lodin da ya fi ƙarfinta.

Hajiya Mai Shago: Sannunku da ƙoƙari. Ni tawa ba ta nuna komai a dashbod, amma duk wanda na haɗu da shi da dare sai ya yi mini ƙyafce, har wani ya leƙo ya yi mini faɗa a Zoo Road. Kuma kullum but ɗina cike yake da katan-katan na kaya. Ita ma sensar ce?

Ɗan Maraɗi: Hajiya, fitilarki fara ce ko ja-ja irin ta da? Idan halojin ce kuma motar daga Turai ta zo, duba kusa da makunnin fitila, gefen sitiyari. Akwai wata 'yar taya mai lamba 0, 1, 2, 3. Mu nan galibin motocinmu ta Kwatano suke shigowa, kusan duk suna da ita, amma mutane da yawa sun ɗauka ta rage hasken dashbod ce. Sifili na mutum ɗaya ko biyu ne a gaba. Idan kin cika baya da kaya ki kai ta 2 ko 3, fitilar za ta sunkuya. Irin waɗannan ba su da sensa, ke ce sensar.

Hajiya Mai Shago: Ikon Allah. Na fita na duba yanzu, tana nan, tana kan 0. Shekara uku ina tuƙa motar nan. Na gode ƙwarai, ɗan'uwa.

Oga Rewaya: Amma Hajiya, idan an taɓa cire miki ƙwan asali aka sa na LED ɗin kasuwa, wannan wata matsalar ce daban. Kwanon fitilar halojin an ƙera shi ne daidai da inda zaren ƙwan yake. Ka sa wani abu daban, haske ya watse ko'ina, ba saitin da zai tattara shi.

Mai Jif: Na dawo daga gareji. Na sauka ramin da kaina kamar yadda ka ce. Ƙarfen bai karye ba, hannun ma bai juye ba. Amma ƙwallon ƙasa ya ƙame ƙam, sai da yaron ya fesa masa mai ya kama da filaya kafin ya motsa. Soket ɗin kuma da muka zare, laka ce a ciki ta bushe, ƙafafun sun yi kore kamar tsohon kwabo. Mun wanke, mun mayar. Rubutun bai daina ƙyaftawa ba.

Oga Rewaya: Madalla, zargina na farko bai ci ba, ruwa ne ya yi aikin. Yanzu sai mita. Irin taka waya uku ce ke shiga: ɗaya mai kawo wuta bolt 5 daga kwamfuta, ɗaya ta ƙasa, wato nagatif, ɗaya mai mayar da saƙo. A kunna makulli, a zare soket, a auna ɓangaren mota. Idan babu bolt 5 ɗin, kada ka taɓa sensa, matsalar waya ce ko kwamfuta, a bi wayar a ga inda ta goge ko ɓera ya ci. Idan akwai, a mayar da soket, a soka allura ta bayansa a kan wayar saƙo, a kwance ƙarfen daga ƙafar mota, mutum ɗaya ya riƙa juya hannun a hankali daga wannan ƙarshe zuwa wancan. Lafiyayya za ta riƙa hawa sumul daga wajen rabin bolt zuwa huɗu da rabi, tsakiya wajen biyu da rabi. Idan ta tsaya wuri ɗaya, ko ta faɗi sifili, ko tana tsalle, ta mutu. Ni na fi son tsohuwar mita mai allura a wannan aikin, don tsallen ba ya ɓuya mata. Kuma a ja kunnen yara: kada kowa ya sa hannu ko mita a wayar ƙwan zenon. Lokacin tashi wutarta ta haura bolt 20,000.

Mai Passat: Oga, ƙarin bayani kaɗan saboda masu motocin Jamus. A Volkswagen da Audi da yawa saƙon sensar ba ya hawa yana sauka haka, bugu-bugu yake zuwa, mita ba za ta gaya maka gaskiya ba. Kwamfuta ake sawa a shiga sashe na 55, wato na saitin fitila. Lamba 00497 tana nufin sensar baya, wadda suke kira G76, 00496 kuma ta gaba, G78. Bayan an canza kuma sai an yi mata saitin tushe, in ba haka ba za ta ajiye 01539, wato ba a saita fitila ba. Na ga wanda ya sayi sensa sau biyu a banza saboda bai san wannan ba.

Oga Rewaya: Gaskiya ne. Kowace mota da halinta.

Mai Jif: An auna. Bolt 5 na nan. Wayar saƙo kuwa tana kan kusan sifili, duk yadda aka juya hannun ba ta motsi, sai can ƙarshe ta yi wani tsalle ta koma.

Oga Rewaya: Ta tabbata. Kafin ka tafi kasuwa, kwance ta, noti biyu ne ko uku, ka buɗe murfin. A wannan samfurin akwai 'yan ƙananan safirin guda uku a ciki, kamar na cikin biro amma sun fi gajarta, su ne ke haɗa allon ciki da ƙafafun soket. Ruwa na shiga su suke fara ruɓewa. Idan allon bai ci ba, wani lokaci canza su kaɗai ya isa.

Mai Jif: Mun buɗe a kan farar takarda. Ruwa ne ya fara zubowa, ja kamar shayi. Safirin ɗaya na nan da ransa, ɗaya ya rabe biyu, na ukun kuwa gari kawai muka tarar. Baƙin layin da ke kan allon ma ya ɓare a tsakiya, ana ganin farin ƙasansa.

Oga Rewaya: To wannan ta wuce gyara. Sai sabuwa.

Bakanike Panteka: Ka gani ko, Alhaji? Yanzu za a ce ka kawo kuɗi masu yawa kan abin da bai kai ashana biyu ba. Ba ƙin gaskiya nake ba. Mutumin da ke zuwa wurina da kyar ya haɗa kuɗin man da zai kai shi gida. In ce masa ya sayi sensa, ya biya mai kwamfuta? Shi ya sa muke nema masa hanya mai sauƙi.

Injiniya: Wannan uzuri ne na gaske, Malam, ban raina shi ba. Amma ko a hanya mai sauƙin akwai wadda ta fi. Idan dole sai an saita da hannu, a saita ta da lodin da mai motar ya saba ɗauka, a jikin bango, da awo, ba da ido ba. Kuma a gaya masa gaskiya cewa motarsa ta daina gyara haskenta da kanta. Rufe dashbod da salatif ne ban yarda da shi ba, don gobe zai sayar wa wani, shi kuma bai san komai ba.

Bakanike Panteka: Maganar awo a bango na karɓa. Zan sa yara su ja layi a katangar garejinmu.

Ɗan Kofar Ruwa: Alhaji, idan za ka shigo kasuwa ka taho da tsohuwar a hannu. Ana samun ta Beljiyam, ana samun sabuwa ta kwali mai araha, ana samun ta kamfani. Ka duba lambar da ke jikinta, siffar soket, da tsawon hannun, don akwai masu kama da juna amma ta hagu daban ta dama daban, ta gaba daban ta baya daban. Ta Beljiyam ka ce a ba ka har da ƙarfenta da mazauninta. Kuma ku yi sharaɗi da mai shago cewa za ka auna, in ba ta yi ba ka dawo da ita. Mai gaskiya ba zai ƙi ba.

Oga Rewaya: Ka auna ta kafin a ɗaura. A sa mata soket tana hannu, a juya, a kalli mita. Na sha ganin ta Beljiyam da ta sha gishirin titin Turai, waje fes, ciki ya ruɓe.

Mai Jif: Alhamdu lillahi, ga yadda aka ƙare. Ta farko da aka ba ni mita ta nuna tana tsalle a tsakiya, na mayar, mai shagon bai yi musu ba ya canza mini. Ta biyu ta hau sumul. Kafin a kwance tsohon mazaunin na ɗauki hotonsa da waya, da shi muka gane inda hannun yake kallo. Mun ɗaure notin ƙarfen motar na tsaye a kan tayoyinta. Oga ya ce a shafa giris a ƙwallayen, a sa ɗan man hana ruwa a bakin soket, an yi. Mai kwamfuta ya goge laifin ya yi mata saiti a wuri mai lebur, ba kowa a ciki, bayan mun daidaita iskar tayoyi. Ina tayar da mota na ga hasken ya yi ƙasa ya dawo sama a jikin bango, rubutun ya ɗauke.

Bayan magariba na je katangar makarantar da ke bayan gidanmu da tef ɗin awo da alli. Na auna tsayin tsakiyar fitila, na ja layi a bango, na ja baya mita 10. Ta dama ta sauka santimita 11 ƙasa da layi. Ta hagu kuwa tana sama da layin da kusan yatsu uku. Ashe tun tuni wani ya taɓa murɗa ta, ni ban sani ba, shekara huɗu ina haske mutane da ita. Na murɗa ta ta dawo daidai da 'yar'uwarta. Sannan na kira yarana uku da maƙwabcina suka shiga baya, muka ɗora buhun masara a but. Hasken ya ɗaga sama da alli, bayan ɗan jim sai ga shi yana saukowa da kansa har ya koma inda yake. Ƙaramin ya ce a sake, sai da muka yi sau uku.

Baba Direban Dare, idan ina cikin waɗanda suka taɓa kashe maka ido a hanya, ka yafe mini.

Direban Dare: Na yafe, Alhaji, Allah ya yafe mana baki ɗaya. Malam na Panteka, ranar Laraba zan biyo ta Kaduna da rana. Idan layin katangar ya samu, zan kawo bas ɗina a fara aunawa da ita, don ni ma ban san inda tawa take kallo ba idan na yi lodi.

Bakanike Panteka: Ka taho, Baba. Ka zo da lodinka yadda yake, kada ka sauke komai.